Rigar Gora: Ganin Aibin Zane a Kwamfuta Kafin a Kai Maɗaba'a

Assalamu alaikum. Wasiƙun da suka taru a filinmu na tambaya da amsa a wannan karon kusan duk a kan abu ɗaya suke, wato ledar nan mai zane da ake zura wa gora kamar riga, a bi ta da zafi, ta tsuke ta kama jikin gorar tun daga gindi har wuya. Masu ɗab'i suna ce mata shirink silib, mu kuma a nan za mu riƙa kiranta rigar gora. Masu zoɓo da kunun aya da yogot da man shafawa a Zariya sun fara rungumarta, kuma da yawa suna asarar kuɗi a wuri guda: zanen da ya yi kyau a shimfiɗe, ya lalace da ya hau gora.

Tambaya daga wata mai sana'ar zoɓo a Tudun Wada: Na bar sitika ne saboda ruwan ƙanƙara yana ɓamɓare ta, na koma riga. Mai zane ya yi mini tambari zagayayye, ya ɗora shi a kafaɗar gora, a waya ya yi kyau ƙwarai. Da kaya suka iso muka sa, sai tambarin ya koma kamar ƙwai a tsaye, rubutun da ke ƙarƙashinsa ya cunkushe. Laifin mai zane ne ko na maɗaba'a?

Amsa: Hajiya, maɗaba'a ta buga abin da aka ba ta ne. Matsalar tun daga teburin zane ta faro, domin an yi wa riga zane irin na sitika. Sitika yadda aka buga ta haka take zama a jikin gora. Riga kuwa tun a masana'anta aka ja ledarta da zafi ta fuskar faɗi, aka sanyaya ta a haka, shi ya sa da ta sake jin zafi sai ta nemi komawa yadda take. Tsukewar kusan duk ta faɗi ce, wato ta zagayen gora. Ta tsawo ba ta taka kara ta karya ba. Don haka duk abin da aka zana yana matsewa ta gefe da gefe, tsayinsa kuma yana nan kusan yadda yake, kuma matsewar ba ɗaya ba ce a ko'ina: inda gora ta yi faɗi kaɗan ce, inda ta sirance mai yawa ce.

Bari mu ɗauki gora mai cin rabin lita, wadda faɗin cikinta, wato tsakiyarta inda ta fi faɗi, ya kai milimita 65. Zagayenta milimita 204 ke nan. Ana ƙara wa riga kamar milimita 4 don ta shiga ba tare da gardama ba, sai zagayen rigar ya zama 208. A cikin gorar, ledar ba ta tsuke komai ba sai kashi 2 cikin ɗari, abin da aka zana a nan zai fito yadda yake. A kafaɗa, inda faɗin ya sauko zuwa milimita 45, zagayen 141 ne, ledar ta tsuke da kashi 32 cikin ɗari. Tambarinki mai faɗin milimita 30 zai koma kamar 20, tsayinsa yana nan a 30. Ga ƙwan da kika gani. Can a wuya, inda faɗin ya zama milimita 30, tsukewar ta kusa kashi 55 cikin ɗari, duk harafin da ya je nan ya zama tsinke.

Maganin shi ne a karkata zanen tun kafin a buga, a faɗaɗa shi daidai gwargwadon yadda zai matse. Idan ana son tambarin ya fito da faɗin milimita 30 a wannan kafaɗar, sai a buga shi da faɗin 44. A shimfiɗe za ki gan shi kamar an taka shi, a jikin gora kuma ya fito zagayayye. Wahalar ita ce kafaɗa gangare ce: saman tambarin yana wurin da ya fi sirancewa, ƙasansa yana wurin da ya fi faɗi, kowane layi da nasa lissafin. Wannan shi ne aikin da manhajar zane ta 3D take yi, wadda ke nuna gora da tsawonta da faɗinta da kaurinta, ana juya ta ta kowace fuska.

Game da kayan da ke hannunki, wanda aka riga aka buga ba ya gyaruwa. A bugu na gaba, ko da ba a samu mai manhajar ba, ki sa a sauko da tambari da duk wani hoton fuska ko zagayayyen abu zuwa cikin gora inda jikinta yake a miƙe. Kafaɗa da wuya a bar musu launi zalla ko ado irin na ganye da ɗigon ruwa, wanda ko ya matse ido ba zai kama ba.

Tambaya daga wani mai shagon zane a Sabon Gari: Shekaruna da yawa ina aiki da CorelDRAW, ina yin sitika da kalanda da katin biki. Yanzu kwastomomi suna kawo aikin riga. Wace manhaja zan nema, kuma daga ina ake farawa?

Amsa: Malam, manhajojin da aka gina musamman don wannan aikin waɗanda suka fi shahara guda biyu ne. Akwai Studio na kamfanin Esko da ke Beljiyam, wanda yake da sashe na musamman don rigar gora, kuma yana aiki ne tare da Adobe Illustrator. Akwai kuma iC3D, shi ma yana karɓar zane daga Illustrator. Dukansu na kuɗi ne, kuma kuɗin ba kaɗan ba ne ga shago ɗaya. Abin da za ka fara sani shi ne ba su haɗuwa da CorelDRAW kai tsaye, don haka idan da gaske kake son wannan layin, koyon Illustrator ya zama dole. Wanda ya iya Corel ba zai sha wuya ba, hannu ne kawai zai saba da sabbin wurare.

Aikin yana farawa ne da siffar gorar, ba da zane ba. Za ka shigar da fayil ɗin gorar na 3D, galibi OBJ ko Collada, ka tabbata murfi yana kai idan rigar za ta hau murfi. Kafin ka ci gaba, auna tsayin gorar a cikin manhajar ka gwada da ta hannunka. Sau da yawa fayil yana zuwa da ma'aunin inci ko mita maimakon milimita, kuma inci ɗaya milimita 25.4 ne, ka ga idan aka yi kuskure a nan duk lissafin da zai biyo baya ya rushe.

Daga nan sai ka ɗora rigar a kan gorar. Manhaja za ta nemi lambobi, kuma waɗannan lambobin daga maɗaba'ar da za ta buga za ka karɓo su, ba daga kanka ba. Na farko faɗin rigar idan an kwantar da ita a ninke, abin da masu ɗab'i ke kira leyfilat, wato rabin zagayenta. A gorar da muka yi misali da ita a sama, 104 ne. Na biyu tsawon yanka. A nan mutane ke yawan faɗawa rami, suna auna tsayin gora da rula a tsaye. Ledar ba a tsaye take tafiya ba, kwanciya take yi a kan gangaren kafaɗa, hanyar ta fi tsawo. Ɗauki zare ko tef irin na tela ka bi jikin gorar daga inda rigar za ta fara zuwa inda za ta tsaya, sannan ka ƙara 'yan milimita idan ana son ta ɗan lanƙwasa ƙarƙashin gindi, wanda shi ke hana ta zamewa sama. Na uku irin ledar da iyakar tsukewarta ta faɗi da ta tsawo. Na huɗu wurin haɗi, inda ake liƙe bakin ledar biyu ta zama riga.

Idan ka cika waɗannan, sai ka sa manhajar ta kwaikwayi tsukewar. Za ka ga rigar tana matsowa a hankali har ta kama jikin gorar. Tsaya ka duba sosai a nan. Idan ta kasa kama wuya, ta tsaya a buɗe kamar bakin kwando, ledar da ka zaɓa ba ta da isasshiyar tsukewa, ko rigar ta yi tsawo. Idan gorar tana da ƙugu mai zurfi ko wurin riƙo, duba ko ledar ta shiga ciki ko ta yi gada a kai. Gara ka ga wannan yanzu ka faɗa wa mai kaya, tun bai biya kuɗin silinda ba, wato ƙarfen da ake sassaƙa zanen a kansa a yi bugu da shi.

Sai ka adana wannan, ka buɗe shi a Illustrator. Za ka samu shimfiɗaɗɗen fili da iyakokin rigar, a gefe kuma ga gorar tana nuna duk abin da ka zana nan take. Yi zanenka yadda kake son ya fito a ido, sannan ka zaɓi abubuwan da za a karkata ɗaya bayan ɗaya: tambari, suna, hoto. Kada ka zaɓi komai gaba ɗaya ka danna. Launin bango ba ya buƙata, bakod kuma, wato sandunan nan da na'urar kanti ke karantawa, ba a taɓa shi sam, za mu zo kansa. Kuma ka ajiye kwafin zanen na asali wanda ba a karkata ba, domin ranar da mai kaya ya sauya gora, daga shi za ka sake farawa.

Wasu abubuwa manhaja ba za ta tuna maka ba. Ana buga riga ne ta ciki, a juye, ledar ta zama kariya ga tawada, shi ya sa farin launi ne ake bugawa a ƙarshe ya zama bango. Don haka fari yana buƙatar nasa shafin daban a cikin fayil, ka nuna inda za a sa shi da inda za a bar leda garau don a ga abin da ke cikin gora. Bakin da za a liƙe ana barinsa babu tawada, saboda sinadarin da ke narkar da ledar ya haɗe ta ba ya kamawa a kan tawada, kuma haɗin da aka yi a kan tawada shi ne ke ɓarkewa a cikin zafi. Faɗin wannan wurin 'yan milimita ne, kowace maɗaba'a da nata, ka nemi takardar ma'auninsu. Kada ka bari haɗin ya ratsa tambari ko rubutu, tura shi baya. Sannan, tunda da Hausa za ka rubuta wasu abubuwan, mayar da duk rubutu ya zama zane kafin ka tura. Haruffanmu masu lanƙwasa, ƙ da ɗ da ɓ, ba kowane salon rubutu ke da su ba, kuma idan kwamfutar maɗaba'a ba ta da irin naka, "zoɓo" zai fito da akwati a tsakiyarsa a kan riga dubu ashirin. Haka ma rubutun ajami, wanda haruffansa kan rarrabu ko su juya.

Idan kuɗin waɗancan manhajojin ya fi ƙarfinka a yanzu, akwai Blender, kyauta ce. Ka gina gorar, ka yi bututu mai zagayen rigar ka naɗa masa zanen, ka yanka shi gida-gida da yawa, sannan ka yi amfani da umarnin Shrinkwrap da ke cikinta ya manne a jikin gorar. Zai nuna maka matsewar faɗi da kyau, ya isa ka nuna wa kwastoma inda hatsarin yake. Amma ba ya lissafa halin leda a cikin zafi, kuma ba zai karkata maka zane ba. Wannan sai ka yi da hannu, da Envelope na Corel ko na Illustrator, bisa ma'aunin da ka samo daga gwajin gidajen dara da za mu bayyana a ƙasa. Ga gora zagayayya mai sauƙin kafaɗa, wannan hanyar tana fitar da aiki mai kyau. Ga gora mai kusurwa ko mai murɗaɗɗen jiki, shawararmu ka ba maɗaba'ar da ke da manhajar ta yi karkatarwar, kai ka tsaya a kan zane.

Tambaya daga wani ɗalibi a Samaru: Ina karatun zanen masana'antu a Jami'ar Ahmadu Bello. Gorar da nake son yi wa aiki a kasuwa na saye ta, ba ni da fayil ɗinta. Zan iya ɗaukar hotonta da waya manhaja ta gina mini ita?

Amsa: Ɗan'uwa, za ka iya, amma ba ita ce hanyar da ta fi ba. Manhajojin da ke gina siffa daga hotuna suna rikicewa da abu mai sheƙi ko wanda ake ganin cikinsa, sai ka fesa wa gorar fenti marar ƙyalli tukuna, kuma ko an yi hakan sai ka gyara ma'auni da hannu. Idan gorar zagayayya ce, ka huta da wannan. Samo kalifa irin na masu injin juya ƙarfe, ka tsayar da gorar a kan tebur, ka auna faɗinta a kowane milimita 10 na tsayi, a kafaɗa kuma ka rage zuwa kowane 5. Ka zana rabin gefenta da rabin kowane faɗin da ka auna, ka sa manhaja ta juya layin a kan tsakiya, gora ta fito. Aikin awa ɗaya ne. Ka auna gora uku ko huɗu, ba ɗaya ba, ka ɗauki wadda ta fi faɗi wajen lissafin riga, domin gorunan da aka hura a inji ɗaya ma suna ɗan bambanta. Idan kuwa aikin na kamfani ne, a tambayi masu hura gorar, galibi suna da zanen da aka sassaƙa mazubin da shi, kuma babu abin da ya kai wannan daidai.

Tambaya daga wani mai kamfanin yogot a hanyar Shika: Manyan kantuna sun ce sai da bakod za su karɓi kayana. Na sa an buga, amma na'urarsu sau da yawa ba ta karantawa. Me ya jawo?

Amsa: Alhaji, duba yadda aka ajiye shi. Idan sandunan bakod ɗin a tsaye suke kamar dangar kara, matsewar faɗi ta rage kaurinsu da tazarar da ke tsakaninsu, kuma ba daidai ba, ga lanƙwasar gora ta ƙara. Na'ura kuwa kauri da tazara take karantawa. A kan riga ana kwantar da sandunan ne su zama kamar matakan tsani, a karanta daga sama zuwa ƙasa. A haka idan leda ta tsuke, tsawon sandunan ne kawai ke raguwa, wanda ba ya hana karatu. Sannan a sa shi a wurin da gora ta fi faɗi kuma ta miƙe, nesa da haɗi da layin ninki.

Bakod na kayan kanti mai lamba 13 cikakken girmansa kusan milimita 37 ne a 26, kuma ƙa'ida ba ta yarda a rage shi ƙasa da kashi 80 cikin ɗari na wannan ba. A kan riga mun fi son a bar shi a cikakken girmansa. A bar masa fili fari kafin sandar farko da bayan ta ƙarshe, kada ado ya shiga. Sanduna baƙaƙe a kan fari mai kauri. Jan launi ba ya aiki a sanduna, domin da jan haske na'urar ke dubawa, ja a wurinta kamar fari ne. Naka yogot ne, fari, yana rufa asiri. Masu zoɓo su ne za su fi kula: idan farin da ke bayan bakod bai yi kauri ba, duhun zoɓon yana bayyana ta cikin leda ya cinye bambancin. Lambar kanta daga GS1 Nigeria, ƙungiyar da ke raba lambobin bakod, ake karɓarta, lambobin da suke bayarwa da 615 suke farawa. Wadda mai zane ya ƙirƙiro daga intanet tana iya cin karo da kayan wani.

Tunda muna kan abin da doka da kasuwa ke nema: lambar rajistar NAFDAC, jerin abubuwan da aka haɗa, yawan abin da ke ciki, suna da adireshin mai yi, duk a tara su a wannan yankin da ba ya matsewa. A bar farin akwati don lambar rukuni da ranar yi da ranar lalacewa, waɗanda ake bugawa bayan riga ta zauna.

Tambaya daga wani mai haɗa man shafawa a Kwangila: An nuna mini gorata a kwamfuta, komai daidai, har ana juya ta. Da muka sa a shago da na'urar hura iska mai zafi, sai bakin rigar ya lanƙwashe, wani gefen ya yi sama wani ya yi ƙasa, ga tamoji a kafaɗa. Ashe manhajar ƙarya take yi?

Amsa: Malam, manhaja tana lissafi ne a kan cewa zafi zai taɓa ledar daidai ta kowace fuska. Injin tururi shi ne ya fi kusa da wannan, domin tururi yana lulluɓe gorar gaba ɗaya a zafin da bai kai na tafasar ruwa ba, galibi tsakanin digiri 80 da 95. Na'urar hannu kuwa wuri ɗaya take duka, iskarta ta fi haka zafi nesa ba kusa ba. Gefen da ya fara jin zafi shi ke fara tsukewa ya janyo sauran zanen wajensa, shi ya sa ka ga baki ya karkace. Tamojin kuma yana zuwa ne idan sama ta kama kafin ƙasa, iska ta maƙale a tsakani, ko ledar ta tsuke farat ɗaya ba ta samu lokacin bajewa ba.

Idan da na'urar hannu za ku ci gaba, a ɗora gorar a kan abin da ke juyawa, a fara daga gindi har rigar ta kama ta tsaya da kanta, sannan a hau sama a hankali ana juyawa, hannu ba ya tsayawa wuri ɗaya. Wata hanyar da ƙananan masu sana'a ke bi ita ce tsoma gorar da aka rufe a ruwan zafi na 'yan daƙiƙa, zafin yana zuwa daidai ta ko'ina, sai dai ruwa yana maƙalewa tsakanin leda da gora, a inda aka bar leda garau sai ka ga tabo-tabo har sai ya bushe. A kula kuma da gorar kanta. Gorar PET, irin ta ruwan sha, tana fara laushi daga wajen digiri 70, idan babu komai a cikinta za ta iya lotsawa kafin rigar ta gama zama, shi ya sa aka fi sa mata riga bayan an cika ta. Gorar HDPE, farar nan marar sheƙi da ake zuba man shafawa da yogot, kumbura take yi kaɗan idan ta ji zafi, ta koma idan ta huce, sai ka ga rigar ta yi sako-sako tana juyawa. Maganinta a rage lokacin da take ɗauka a cikin zafi.

Ga gwajin da muke roƙon kowa ya yi kafin a ba da izinin bugu, ko da manhaja ko babu. A karɓo riga marar zane daga maɗaba'ar, ta ainihin ledar da za a yi aikin da ita. A zana mata layuka a tsaye da a kwance, tazarar milimita 10, su zama kamar gidajen dara, a sa lamba a kowane layi. Alƙalamin maka mai siririn baki ya isa. A sa wa gora biyar, a tsuke su da irin zafin da za a riƙa amfani da shi kullum, ba wani ba. Sannan a auna gidajen. A ciki za ka ga suna nan kusan 10. A kafaɗa ka ga wani ya koma 7, na samansa 6, a wuya ƙasa da 5. Ka duba kuma layukan kwance, ko sun sauka ko sun hau daga inda manhaja ta ce za su tsaya. Idan gora biyar ɗin sun yi kama da juna kuma sun yi kama da na kwamfuta, a ci gaba. Idan sun yi kama da juna amma sun saɓa wa kwamfuta, a gyara lambobin manhajar su bi na gora. Idan kuwa su kansu biyar ɗin kowace da inda ta nufa, matsalar a hannun mai tsukewa take, kuma babu karkatar da zanen da zai yi maganinta sai an daidaita zafin. Ba a fafe gora ranar tafiya, wannan gwajin yini ɗaya ne, silinda kuwa idan an sassaƙa ta an gama, kowane launi da tasa.

Launi ma yana sauyawa. Inda leda ta tsuke da rabi, tawadar da ke wurin ta taru a rabin fili, launin ya ƙara duhu. Shuɗin da ke ciki ba zai zama ɗaya da na wuya ba. Allon kwamfuta ba abin dogaro ba ne a nan, a nemi maɗaba'a ta ba da samfuri a kan leda, a tsuke shi a gani da ido a hasken rana.

Tambaya daga wata mai fura da nono ta gora a Kofar Doka: Maɗaba'a ta ce in zaɓa tsakanin PVC da PETG. Wace ce ta fi?

Amsa: Hajiya, dukansu nau'in ledar da ake yin riga da ita ne, kuma siffar gorarki ce za ta zaɓa. PVC ta fi araha, tana da sauƙin sarrafawa da iska mai zafi, amma tsukewarta galibi tana tsayawa ne tsakanin kashi 50 da 60 cikin ɗari. PETG tana kaiwa kashi 75 ko sama kaɗan, ta fi haske, ta fi tsada, kuma ta fi son tururi. A lissafa tsukewar da wuri mafi siranta ke buƙata, a zaɓi ledar da ta wuce wannan da tazara. Gorar misalinmu mai buƙatar kashi 55 a wuya ta kai PVC bakin iyakarta, bakin rigar zai iya tsayawa a buɗe. Gorar fura mai faɗin baki kuwa, wadda ba ta sirance sosai ba, PVC za ta ɗauke ta. Kaurin ledar da aka fi amfani da shi maikron 40 zuwa 50 ne, maikron dubu kuwa su ne milimita ɗaya.

Abu ɗaya da ke damunmu da PVC shi ne masu tara goruna su sayar a sake narkawa. PVC tana nutsewa a ruwan wanki tare da gutsattsarin PET, ba ta rabuwa, kuma kaɗan daga cikinta yana ɓata narkin. Kowace kika zaɓa, ki sa a yi wa rigar layin huji-huji daga sama har ƙasa don a iya yage ta da hannu. A nuna wannan layin a zanen tun farko, kada ya bi ta kan rubutu.

Tambaya daga wani ɗan kasuwa a PZ: Riga dubu goma na karɓo, rabin farko sun shiga gora lafiya. Bayan wata biyu sauran sun ƙi shiga, sai an yi da ƙarfi. Gorar ba ta sauya ba.

Amsa: Alhaji, zafi ya riga ka taɓa su. Wannan ledar ba ta jiran injin tururi, idan ta daɗe a wuri mai ɗumi tana tsukewa kaɗan-kaɗan da kanta, kuma sararin da aka bar mata tun asali milimita 4 ne kawai a zagaye. Masu yin ledar galibi suna cewa a ajiye ta ƙasa da digiri 25. A Zariya, a watan Maris da Afrilu, zafin waje yana kusantar 40, cikin shago mai rufin kwano ko bayan mota da aka rufe ya wuce haka. Ɗauki ɗaya daga cikin waɗanda suka ƙi shiga ka kwantar ka auna faɗinta da rula, ka gwada da lambar da ke takardar oda, za ka ga ta ragu da milimita ɗaya ko biyu. Waɗanda suka ragu ba sa komawa. Sauran ka kwashe su daga kusa da rufi da bangon da rana ke duka, ka bar su a cikin kwalinsu a ɗaki mafi sanyi, a kan katako. A oda ta gaba ka karɓi abin da za ka ƙarar cikin 'yan watanni, ka roƙi a yi lodin da yamma idan daga Legas ko Kano za a taso, kuma ka gaya wa mai zane da maɗaba'a cewa da hannu kuke zurawa, su ƙara milimita ɗaya a leyfilat, a sake shigar da sabuwar lambar a manhaja kafin a karkata zanen.